Yawon Kwanaki a Dajin Kakadu da Ƙasar Arnhem: Tambayoyi da Amsoshi

A ƙuryar arewacin Ostireliya, yankin da birnin Darwin yake, akwai wata irin tafiya da ta yi suna. Mutane kaɗan ne kan haɗu, su hau mota ɗaya tare da jagora ɗaya, su nausa daji su yi kwana uku, biyar ko mako guda. Da rana a yi ta zaga fadamu da koguna da duwatsu, da dare a kwana a tanti. Ga amsoshin tambayoyin da duk mai niyyar wannan tafiya zai so ya ji kafin ya ɗaure kaya.

Ina ne ainihin wuraren da ake zuwa?

Kusan kowace tafiya daga Darwin take tashi. Babbar manufa ita ce gandun dajin Kakadu, mai faɗin kusan murabba'in kilomita 20,000. Daga Darwin zuwa Jabiru, garin da ke cikin gandun, kimanin kilomita 250 ne a kan kwalta. An fara keɓe Kakadu a 1979, sannan UNESCO ta saka shi cikin wuraren tarihi na duniya a 1981, saboda halittunsa da kuma al'adun mutanensa gaba ɗaya, abin da wurare ƙalilan ne a duniya suka samu.

Gabas da Kakadu, bayan an haye kogin East Alligator, sai Ƙasar Arnhem. Kudu kuma akwai Nitmiluk kusa da garin Katherine, inda kogi ya tsaga dutse ya yi kwazazzabai 13 a jere. Kusa da Darwin akwai Litchfield, wurin magangarun ruwa da surin gara masu ban mamaki: siraran gini ne masu tsawon kusan mita 2, dukansu sun miƙe daga arewa zuwa kudu don kada zafin tsakar rana ya gasa cikinsu.

Su wane ne masu wannan ƙasa?

Wannan ce tambayar da ta kamata a fara yi. Dajin yana da masu shi, kuma suna nan da ransu. Mutanen arewacin Kakadu suna kiran kansu Bininj, na kudu kuma Mungguy, kuma a cikinsu akwai zuri'o'i daban-daban, kowace da yankinta da iyakokinta, kamar su Mirarr da Murumburr. Nitmiluk ta Jawoyn ce, an mayar musu da ita a 1989. Can gabashin Arnhem kuma Yolngu ne. Baƙi kan haɗe su duka da sunan Aborijin, amma harsunansu da dokokinsu sun bambanta.

A wani kogon dutse da ake kira Madjedbebe, a ƙasar Mirarr, masu tonon tarihi sun wallafa sakamako a 2017 da ya nuna mutane sun zauna a wurin tun shekara 65,000 da suka wuce. Akwai masana da ke ganin adadin bai kai haka ba, amma babu mai musun cewa zaman ya kai shekaru dubbai goma-goma.

Dokar mallakar ƙasa ta 1976 ce ta buɗe musu hanyar karɓar ƙasarsu a hukumance. Yau Kakadu haɗin gwiwa ake gudanar da shi tsakanin masu ƙasa da hukumar gandun daji ta gwamnatin tarayya, kuma masu ƙasa ne suka fi yawa a majalisar gudanarwa. Wani kaso na kuɗin shiga da za ka biya a hannunsu yake faɗawa. Saboda haka kai baƙo ne a gidan mutane, kuma duk sauran amsoshin nan a kan wannan suka doru.

Me ya sa sai ƙaramin ayari? Ba zan iya hayar mota in tafi da kaina ba?

Za ka iya, a wuraren da kwalta ta kai. Sai dai mafi kyawun wuraren suna ƙarshen hanyar burji mai yashi da mashigan ruwa, inda sai babbar motar shiga daji da direban da ya san hannu. Kamfanonin hayar mota da yawa ma ba sa yarda a kai motarsu irin waɗannan hanyoyi.

Babbar bas mai mutum hamsin kuwa ba ta shiga can ko kusa. Kuma ko a inda take zuwa, idan dattijo yana bayani a gindin dutse cikin sanyin murya, mutum goma ne za su ji shi, sauran hoto kawai za su ɗauka. A ƙaramin ayari, wanda galibi bai wuce mutum goma sha ba, za ka iya tambaya a amsa maka, za a iya tsayawa don an hangi tsuntsu. Duk jagoran da zai yi aiki a Kakadu dole ne ya yi wani kwas na musamman kan gandun kafin a ba shi dama.

Kwana nawa ya isa?

Kwana uku, an leƙa ne kawai. Kwana biyar ya fi dacewa da Kakadu tare da yini ɗaya a Arnhem. Idan za a haɗa da Nitmiluk da Litchfield, a nemi mako guda. Ka yi hattara da jadawalin da ya cusa wurare barkatai cikin kwana biyu, don rabin lokacinka a kujerar mota zai ƙare.

Wane lokaci ne ya fi kyau a shekara?

Baƙi sun san lokuta biyu, damina daga Nuwamba zuwa Afrilu, rani daga Mayu zuwa Oktoba. Masu ƙasa kuwa shida suke ƙirgawa, kuma ba kalanda suke dubawa ba, itatuwa da iska da dabbobi ne ke gaya musu. Kudjewk shi ne tsakiyar damina, lokacin da fadamu ke cika maƙil. Bangkerreng, wajen Afrilu, guguwar ƙarshen damina ce mai kwantar da doguwar ciyawa. Yekke ya biyo baya da sanyin safiya da raɓa. Wurrkeng, daga tsakiyar Yuni zuwa tsakiyar Agusta, shi ne sanyinsu: rana wajen digiri 30, dare ƙasa da 20. Kurrung zafi ne da bushewa. Kunumeleng kuma gumi ne da hadari da walƙiya kafin ruwa ya sauka.

Mafi yawan tafiye-tafiyen kwanaki daga Mayu zuwa Oktoba ake yin su. Yuni da Yuli sun fi daɗin jiki, sun kuma fi cunkoso da tsada. Ga wani abu da hotunan talla ba sa faɗa: magangarar Jim Jim da ke Kakadu tana zuba da ƙarfi ne a damina, lokacin da hanyarta a rufe take sai dai a gan ta daga jirgin sama. Idan hanya ta buɗe ruwan ya fara ja baya, zuwa ƙarshen rani kuwa yakan ƙafe ya bar tafki a gindin dutse. A ganina Agusta zuwa Satumba na da nasa armashi ga mai iya jure zafi, don a lokacin ruwa ya janye, tsuntsaye sun taru dubbai a 'yan tafkunan da suka rage.

Yaya kwana da abinci suke?

Ya danganta da kuɗinka. Akwai sansanoni masu kafaffun tantuna da gado da banɗaki, akwai kuma inda za a miƙa maka shimfiɗar tamfol mai katifa a ciki da gidan sauro. A tafiya mai sauƙin kuɗi kowa yana sa hannu, wani ya yanka albasa, wani ya wanke kwanoni. Ana tashi tun da asuba don a gama tafiyar ƙafa kafin rana ta take. Waya ba ta kamawa a wurare da yawa, ka sanar da iyali tun kafin ka shiga.

Maganar kada fa, gaskiya ce ko tsoratarwa?

Gaskiya ce tsagwaronta. An ƙiyasta kadoji kusan 10,000 a Kakadu kaɗai. Iri biyu ne. Akwai na ruwan daɗi mai siririn baki, wanda ba ya neman mutum sai an takura shi. Akwai kuma wanda ake kira na ruwan gishiri, da kan haura mita 5, kuma kar sunan ya ruɗe ka, yana zaune lafiya lau a koguna da tafkuna masu nisa da teku. An kusa ƙarar da shi da farauta kafin a hana kashe shi a 1971, daga nan ya sake yaɗuwa.

Ana iyo ne kawai a inda aka kafa allon izini, bayan ma'aikatan gandu sun binciki wurin a farkon rani. A Kakadu ma hukuma ba ta ba da tabbacin cewa wani ruwan daji babu haɗari ɗari bisa ɗari. Ka nisanci bakin ruwa da aƙalla mita 5, tanti kuma mita 50.

Ina jaddada wannan ga 'yan uwa Musulmi: kada ka kuskura ka tsuguna a bakin kogi ko tafki don alwala, ko da ruwan ya kwanta luf ba ka ga komai ba. Kada yana iya lafewa a ruwan da bai kai gwiwa ba, kuma yana lura da wanda ke dawowa wuri ɗaya a lokaci ɗaya. Ka riƙe buta ko gora, ka ɗiba daga tankin mota.

Inda ake kallonsu cikin aminci shi ne jirgin ruwa a tafkin Ngurrungurrudjba, kusa da masaukin baƙi na Cooinda a Kakadu. Jirgin asuba ya fi. Hazo na tashi daga ruwa, furannin bado na buɗewa, ga garken dinya suna ta kuka, wani ɗan tsuntsu mai dogayen yatsu yana taka ganyen bado kamar a ƙasa yake, can kuma gefen taɓo abin da ka ɗauka gungume ne sai ya buɗe ido. Kakadu na da tsuntsaye kusan iri 280, wato wajen kashi ɗaya cikin uku na duk tsuntsayen Ostireliya. A mashigar Cahills ta kogin East Alligator kuma, idan ruwan teku ya turo kogi, kadoji kan jeru suna jiran kifi, mutane na kallo daga dandamalin da aka gina a sama.

Mene ne abin gani a zanen duwatsu?

An rubuta wuraren zane fiye da 5,000 a Kakadu, kuma kaɗan ne aka buɗe wa baƙi. An ƙiyasta wasu zanukan sun kai shekara 20,000. Da jar ƙasa da rawaya da fara da gawayi aka yi su, a ƙarƙashin duwatsun da mutane ke fakewa lokacin damina.

A Ubirr, idan ka ɗaga kai a babban kogon, kifaye ne jere a bango, kowane an zana shi har da cikinsa: ƙashin baya, haƙarƙari, hanji, da inda kitse yake. Mai zanen ya san kifin kamar yadda mai fawa ya san dabbarsa, kuma yaro na koyon rabon nama daga bangon. Can sama, inda hannu ba ya kaiwa, akwai hoton wata dabba mai siffar kare da ratsi a gadon baya, wadda ta ɓace daga babban yankin Ostireliya fiye da shekara 2,000. A gefe guda kuma ga Bature an zana shi hannuwa cikin aljihu. Daga nan sai a hau saman dutsen a kalli fadamar Nadab da yamma.

A Burrungkuy akwai Namarrkon, ma'abocin walƙiya a labarinsu, da gatura a gwiwoyinsa da kansa. Wani mai zane mai suna Nayombolmi ne ya yi fitattun hotunan wannan bango a farkon shekarun 1960. A Nanguluwurr kuma jirgin ruwa ne mai filafilai. Wato bangon bai tsaya a zamanin da ba, an ci gaba da rubuta abin da ido ya gani har zuwa kwanan nan.

Jagora zai gaya maka cewa labarin da ka ji shi ne matakin farko, wanda ake ba yara da baƙi. Akwai na gaba da sai wanda ya cancanta. Ba rowa ba ce, haka ilimi yake tafiya a wurinsu, ka karɓi abin da aka ba ka. Kuma ba a taɓa zane da hannu, maiƙon fata yana ɓata shi.

Shiga Ƙasar Arnhem sai da izini?

Ƙwarai. Faɗinta ya kai kusan murabba'in kilomita 97,000, an keɓe ta tun 1931, kuma mallakin Aborijin ce. Ana neman takardar izini daga majalisar filaye ta arewa, amma idan kana cikin ayari kamfani ne ke nema maka. Mafi yawan ayari garin Gunbalanya suke zuwa, inda cibiyar masu zane ta Injalak take tun 1989. Ɗan garin ne ke hawa da baƙi dutsen Injalak. Hawan na da wuya, ana bi ta tsakanin duwatsu, amma jin labarin wuri daga bakin wanda kakanninsa suka yi zanen ya fi komai a tafiyar. Idan aka yi rasuwa ko wani taron al'ada, ana iya rufe gari ba sanarwa, sai a yi haƙuri a sauya hanya.

Wane ladabi ake so baƙo ya kiyaye?

Kada ka ɗauki hoton mutum sai ka tambaya. Kada ka kafe mutum da ido, kada kuma ka jera masa tambayoyi kamar mai tuhuma. Idan ka yi tambaya aka yi shiru, ka jira, shirun wani ɓangare ne na amsar. Ba a ambaton sunan wanda ya rasu kwanan nan, ba a kuma nuna hotonsa. Akwai dangin da ba sa magana da juna kai tsaye. Wanda ya san kunyar surukai a ƙasar Hausa zai gane wannan nan take, sai dai tasu ta fi tsanani, don miji da uwar matarsa ba sa ma zama wuri ɗaya. Sutura mai mutunci ake so a cikin gari, kuma an hana shiga da giya garuruwa da yawa.

Ana cewa akwai wuraren da ba a zuwa. Da gaske ake kiyaye wannan?

Da gaske, har gaban kotu. A Gunlom, kudancin Kakadu, an gina hanyar ƙafa kusa da wani wuri mai alfarma na mazan Jawoyn ba tare da amincewar da doka ta tanada ba. Aka rufe wurin a 2019, shari'a ta kai kotun ƙolin ƙasar, a 2024 aka ci tarar hukumar gandun dajin. A 1991 gwamnati ta hana haƙar ma'adinai a tudun Guratba, cikin yankin da Jawoyn suka daɗe suna cewa ƙasar cuta ce kada a tone ta, yankin da kuma aka tarar yana ɗauke da yuraniyom da wasu ma'adinai masu guba. A 1998 Mirarr, ƙarƙashin jagorancin Yvonne Margarula, suka tare hanyar mahaƙar yuraniyom ta Jabiluka tsawon watanni, dubban mutane suka mara musu baya. Mahaƙar yuraniyom ta Ranger da ke kusa da Jabiru ta daina aiki a 2021. Idan jagora ya ce nan ba a wucewa, ka san akwai waɗanda suka sha wuya kafin maganar ta zama doka.

Ni Musulmi ne. Yaya salla da abinci?

Akwai masallaci a Darwin da shagunan naman halal. Ka sanar da kamfani tun lokacin biyan kuɗi, domin a Darwin ake sayen kayan abincin tafiyar gaba ɗaya. Idan ba su iya ba, ka zaɓi kifi da ganye, ka kuma roƙi a ware maka kasko, don naman alade ba ya rasuwa a karin kumallonsu. Alƙibla a can yamma take, da ɗan karkata zuwa arewa. Agogonsu ya riga na Najeriya da Nijar da awa takwas da rabi.

Wani abin da ba kowa ya sani ba: Musulmi sun riga Turawa zama a wannan gaɓa. Tun aƙalla ƙarni na 18 masunta daga Makasar, a tsibirin Sulawesi na Indunusiya, suke zuwa kowace shekara da iskar damina don kamun wata halittar teku da ake busarwa a sayar a Sin. Sai a 1907 zuwan nasu ya yanke, bayan hukuma ta hana. Sun yi ciniki da auratayya da Yolngu, sun bar kalmomi a harshensu, kuma itatuwan tsamiya da ke tsaye a wasu bakin tekun Arnhem alamar sansanoninsu ne.

Me ya sa ake ganin hayaƙi ko'ina a farkon rani?

Da gangan ake sa wutar. Masu ƙasa kan ƙona ciyawa ƙanana-ƙanana tun tana da ɗanye, wutar ta ci a hankali ta mutu da raɓar dare. Wannan ne ke hana gobarar ƙarshen rani mai cinye itatuwa. Tun 2006 akwai shiri a yammacin Arnhem da ke biyan masu gadin daji 'yan ƙasa kuɗi saboda hayaƙin da wannan dabara ke ragewa. Ba duk barazana ce wuta ke magancewa ba: wani kwaɗo mai dafi da aka shigo da shi Ostireliya a 1935 ya iso Kakadu a 2001, ya hallaka dabbobi da dama da suka ci shi.

Biza da shiga ƙasa fa?

Bizar ziyara ake nema ta intanet, da shaidar kuɗi da ta abin da zai dawo da kai gida. Ka nema da wuri, ka kuma riƙe katin rigakafin shawara. Babu jirgi kai tsaye daga Afirka ta Yamma, sai an sauka a hanya, kuma daga Singafo zuwa Darwin bai kai awa biyar ba.

Ostireliya ba ta wasa da abin da ake shigo mata da shi. Kilishi da dambun nama ka bar su a gida. Yaji, kuka, daddawa, goro, zuma, duk abin da za a ci ko ya fito daga tsiro ko dabba, ka rubuta shi a katin shiga a duba. Idan ka bayyana aka ƙi, karɓewa kawai za a yi. Idan ka ɓoye aka gano, tara ce mai nauyi, har biza na iya tafiya.

Sai mai ƙarfi ne zai iya?

A'a, amma ka faɗi gaskiyar lafiyarka. Ubirr zagayen kilomita ɗaya ne mai sauƙi, hanyar Jim Jim kuwa tsallaken manyan duwatsu ce. Zafi ne babban abokin gaba: lita ɗaya na ruwa ga kowace awa ta tafiya, malafa, riga mai dogon hannu, takalmi rufaffe. Babu zazzaɓin cizon sauro, amma sauron can na ɗauke da wasu cututtukan, a shafa magani da yamma. Inshorar tafiya wajibi ce, don asibiti na da nisa kuma jinyar baƙo tsada gare ta.

Wace tsaraba zan saya?

Zane a kan ɓawon itace, ko kwando da tabarma da mata ke saƙawa da ganyen pandanus, wata bishiya mai dogayen ganye, su rina da saiwoyi. Ka saya a cibiyoyin masu zane kamar Injalak, inda za a ba ka takarda mai sunan mai aikin da labarin zanen. Shagunan birni cike suke da jabun da aka yi a masana'antun waje, ko sisi ba ya kaiwa ga masu al'adar. Kayan itace da ganye kuma ka tambayi ƙa'idar ƙasashen da za ka ratsa da su.

Ta yaya zan gane kamfanin kirki?

Ka yi musu tambayoyi kafin ka biya. Mutum nawa ne iyakar ayarinku? Awa nawa za mu yi tare da jagora ɗan ƙasa, kuma a wane wuri? Waye mai kamfanin, ko da waɗanne masu ƙasa kuke aiki? Kuɗin shiga gandu da izinin Arnhem suna cikin farashi? Idan an rufe hanya, me za ku yi da mu? Akwai wayar tauraron ɗan Adam da akwatin agajin gaggawa a mota? Kamfanin da ya amsa da sunayen wurare da na al'ummomi ya san abin da yake yi. Wanda ya tsaya kan kalmar al'ada kawai, ba tare da ya iya faɗin wanda za ku gana da shi ba, ka nemi wani. Akwai ayyukan da 'yan ƙasa suka mallaka da kansu, kamar jirgin Guluyambi a kogin East Alligator da jiragen kwazazzaban Nitmiluk na Jawoyn, ka duba ko suna cikin jadawalin da aka ba ka.